Chris Marker, mutumin da bai yarda hoto ya ba da shaida shi kaɗai ba

A shekarar 1957 wata ƙungiyar sada zumunci tsakanin Faransa da Tarayyar Sobiyet ta ɗauki nauyin wasu Faransawa zuwa Siberiya, domin su ɗauko fim ɗin da zai nuna wa Turai ta Yamma irin ci gaban da mulkin gurguzu ya kai wannan yanki mai tsananin sanyi. Jagoran aikin marubuci ne ɗan shekara 36, ana kiransa Chris Marker. A birnin Yakutsk kyamararsu ta ɗauki abin da bai taka kara ya karya ba: motar bas ta wuce, wata ƙasaitacciyar mota ƙirar Zim ta gifta, leburori suna baje ƙasa a kan titi, wani mutum mai harara-garke ya ratsa ta gabansu.

Da Marker ya koma Paris ya zauna haɗa fim ɗin, wanda ya sa wa suna Lettre de Sibérie, wato Wasiƙa daga Siberiya, sai ya jera waɗannan hotuna sau uku. Bai taɓa ko ɗaya daga cikinsu ba, muryar mai sharhi kaɗai yake sauyawa. A karo na farko muryar ta yi irin yabon da rediyon Mosko zai yi: birni na zamani, motoci masu daɗin shiga, ma'aikata cikin fara'a suna gina ƙasarsu. A karo na biyu ta ari bakin maƙiyan Sobiyet: birni mai duhu, talakawa cunkushe a bas, manya suna fantamawa a Zim, leburori sun duƙa kamar bayi, mutumin nan mai harara-garke kuma ya koma abin tsoro. A karo na uku ta yi ƙoƙarin adalci, ta faɗi na kirki ta faɗi na assha. Mai kallo yana shirin cewa yanzu gaskiya ta fito, sai fim ɗin ya nuna masa ita ma ta ukun ta tauye birnin, domin ta tsayar da shi cak a cikin 'yan daƙiƙoƙi ta yanke masa hukunci, alhali birni abu ne mai motsi.

Duka abin bai wuce 'yan mintoci ba, amma har yau ana nuna shi ga ɗaliban koyon fim. Wanda ya taɓa karɓar bidiyo ɗaya sau biyu a wayarsa, kowanne da rubutun da ke ƙaryata ɗan'uwansa, ba ya buƙatar dogon bayani. Marker ya shafe shekara sittin yana bin tambaya guda: tun da hoto ba ya magana da kansa, wa ke sa masa magana a baki, kuma wa ke cin ribar? Bai yi tambayar daga gefe ba. Ɗan gwagwarmaya ne da ya tsaya tare da ma'aikata da masu yaƙin neman 'yanci, kuma hotunan ɓangarensa ya fi tsananta wa bincike.

Sunan aro

An haife shi ranar 29 ga Yuli, 1921, a Neuilly-sur-Seine, unguwar masu hali da ke gefen Paris. Sunansa na yanka Christian François Bouche-Villeneuve. Ya ajiye wannan dogon suna ya ɗauki Chris Marker, wanda ba ya wahalar faɗa a bakin kowace al'umma, abin da ya dace da mai niyyar yawon duniya. Daga nan ya shiga ɓatar da sawu. Akwai littattafan tarihin fim da suka rubuta cewa a Ulan Bator ta Mongoliya aka haife shi, kuma daga bakinsa labarin ya fito. Ba ya son hira da 'yan jarida, ba ya yarda a ɗauke shi hoto. Idan wata mujalla ta matsa sai ya aika mata hoton kyanwa. Yana da wani muzuru mai suna Guillaume-en-Égypte, wanda zanensa ya zama wakilinsa a bainar jama'a har ƙarshen rayuwarsa. Bayan kyanwa, ba abin da yake so kamar mujiya, tsuntsuwar da Bahaushe ke tsargu da ita amma tsofaffin Girkawa suka ɗauke ta alamar hikima.

An daɗe ana ɗaukar wannan ɓuya a matsayin kunya ko barkwanci. Bayan rasuwarsa wani bincike da aka buga a Faransa ya ƙara mata wata fuska. A 1941, yana ɗan shekara ashirin, ya fitar da wata ƙaramar mujalla a garin Vichy da wani sunan aro daban, kuma mujallar ta karkata ga gwamnatin Marshal Pétain, wadda ta miƙa wuya ga Jamus ta Hitler. Bai daɗe a wannan hanya ba, ya bar ta ya shiga sahun masu yaƙar mamayar Jamus. Amma bai taɓa ba da labarin a fili ba. Mutumin da ya yi suna wajen tono abin da ƙasashe suka binne, shi ma yana da nasa ɗan kabarin. Wannan bai rushe aikinsa ba, sai dai ya sa a fahimci dalilin da mantuwa da tunawa suka dame shi haka.

Bayan yaƙin ya zama marubuci. Ya yi rubutu a mujallar Esprit, ya yi aiki da ƙungiyoyin ilimantar da ma'aikata, inda ya haɗu da mai sharhin finafinai André Bazin da wani matashin darakta, Alain Resnais. Ya buga littafin ƙagaggen labari a 1949, daga baya ya jagoranci jerin littattafan tafiye-tafiye na kamfanin ɗab'i na Seuil, inda ya koyi yadda ake sa rubutu da hoto su yi gardama a shafi ɗaya. Fim ɗinsa na farko, Olympia 52, kan wasannin Olamfik na Helsinki ne a 1952. A cikinsa ya ɗauki wani mahayin doki ɗan ƙasar Chile yana tsallake shinge. Za a sake haɗuwa da wannan mahayi.

Gumakan da suka mutu a bayan gilashi

Aikin da ya fara jawo masa fushin hukuma a kan Afirka ne. Présence Africaine, mujallar da Alioune Diop ɗan Senegal ya kafa a Paris a 1947, ta nemi Resnais da Marker su yi gajeren fim kan fasahar baƙar fata. Suka fara da tambaya mai sauƙi: me ya sa ake ajiye sassaƙen Girka da na Masar a gidan tarihi na Louvre a matsayin fasaha, amma na Afirka ake kai shi gidan nazarin ƙabilu na Musée de l'Homme a matsayin shaidar yadda wasu mutane ke rayuwa?

Fim ɗin da ya fito a 1953, Les Statues meurent aussi, wato Su ma gumaka suna mutuwa, minti talatin ne. Hujjarsa ita ce, abin da aka sassaƙa yana raye muddin akwai idon da ya san dalilin yinsa. Ranar da aka cire shi daga cikin mutanensa aka kulle a bayan gilashi, ya mutu, abin da baƙo ke kallo gawa ce. Rabin farko yana zagaya sassaƙe-sassaƙen cikin haske da duhu har su yi kamar suna numfashi. Daga nan fim ɗin ya juya kan mai kallo. Ya nuna yadda mulkin mallaka ya mayar da masassaƙi ɗan kasuwar tsaraba, yana fafe itace da gaggawa don Bature mai yawon buɗe ido, ya nuna baƙaƙen leburori, da 'yan dambe da 'yan tsere da Turawa ke tafa wa a fili su wulaƙanta a waje, da 'yan sanda suna dukan masu zanga-zanga.

Hukumar tace finafinai ta Faransa ta hana shi izinin fita. Ya ci kyautar Jean Vigo a 1954, amma sai da aka shafe fiye da shekara goma kafin jama'a su ga cikakkensa, lokacin da ƙasashen da yake magana a kansu sun riga sun karɓi tutocinsu. Gardamar da ya tayar ba ta mutu ba. Ita ce ta dawo a 2021 da Faransa ta mayar wa Jamhuriyar Benin kayan tarihi 26, da kuma 2022 da Jamus ta fara mayar wa Nijeriya tagullan masarautar Benin waɗanda sojojin Ingila suka kwashe a 1897. Sai dai fim ɗin ya yi tambayar da ta fi ta mallaka wuya, wadda bikin miƙa kaya ba ya amsawa: idan gunkin ya koma gida ya tarar da wani gilashin, ya farfaɗo ke nan?

Mene ne fim ɗin muƙala

Bazin ya fayyace salon. Da ya kalli Wasiƙa daga Siberiya a 1958, 'yan makonni kafin rasuwarsa, ya rubuta cewa wannan muƙala ce da aka kafa wa hujja da fim. A ganinsa, abin da Marker ke gini da shi tun farko tunani ne, magana ta biyo baya, hoto ya zo na uku. A fim na yau da kullum hoto ne ke kai mai kallo ga hoto na gaba. A na Marker, abin da kunne ya ji ne ke komawa ya canza abin da ido ya gani.

Kalmar da Faransawa ke kiran muƙala da ita, asalin ma'anarta gwaji. Shirin gaskiya irin na talabijin yana zuwa da murya mai kama da ta alƙali, wadda ta san komai kuma ba ta da suna. Muryar Marker ta matafiyi ce da ke rubuta wa aboki wasiƙa. Tana yin kuskure ta gyara, tana barin hanya ta bi wani zance, tana zolaya. A tsakiyar fim ɗin Siberiya akwai zanen barkwanci kan giwar zamanin da, akwai tallar ƙarya ta wata barewar ƙasar ƙanƙara da aka yi da salon tallar Amurka. Amfanin wannan duka shi ne mai kallo ba ya mantawa cewa mutum ne ke magana, kuma ana iya yi masa musu.

Salon yana da nasa haɗari. Marker gwanin jimla ne, kuma akwai wuraren da daɗin maganarsa ke danne mutanen da ke cikin hoton, su koma abin buga misali. Shi kansa ya gane haka, domin daga baya ya hana a riƙa nuna yawancin finafinansa na farko. Cikinsu har da Description d'un combat, wanda ya yi kan Isra'ila a 1960 ya ci kyauta a bikin finafinai na Berlin, sannan ya janye shi bayan yaƙin 1967. Wanda ya yi kan juyin juya halin Kyuba a 1961 kuwa, hukumar Faransa ce ta riƙe shi har 1963.

Shekarar 1962 ta ba shi finafinai biyu da ba su yi kama da juna ba. A watan Maris aka sa hannu kan yarjejeniyar Évian da ta kawo ƙarshen yaƙin Aljeriya. A watan Mayu shi da mai ɗaukar hoto Pierre Lhomme suka shiga titunan Paris da ƙaramar kyamara suna tambayar mutane abin da ke faranta musu rai da abin da ke damunsu. Sun tara kusan awa 55. Jean Rouch, wanda ya yi mafi yawan aikinsa a Nijar kuma ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, ya riga su gwada irin wannan hira a Paris. Abin da Marker ya ƙara shi ne kunnen da ke sauraron abin da ba a faɗa ba. A Le Joli Mai, mai sayar da tufafi yana zancen ciniki, matasa suna zancen kuɗi da aure, kusan kowa yana kauce wa zancen Aljeriya da azabtarwar da aka yi da sunansa. Waɗanda suka yi magana ba kwana-kwana su ne na gefe: wani ɗalibi daga Dahomey, wani matashin ma'aikaci ɗan Aljeriya, wani limamin coci da ya koma ɗan ƙwadago.

A daidai wannan lokaci ya haɗa La Jetée, labarin ƙirƙira na minti 28 wanda kusan dukkansa sandararrun hotuna ne. Bayan yaƙin duniya na uku, waɗanda suka tsira suna zaune a ƙarƙashin ƙasa, suna gwaji a kan wani fursuna don su tura shi zamanin da ya wuce. Sun zaɓe shi ne saboda hoto ɗaya da ya maƙale masa tun yana yaro: fuskar wata mace a filin jirgin sama na Orly, da wani mutum yana faɗuwa. Sau ɗaya tak hoto ya motsa a fim ɗin, inda matar ta buɗe ido daga barci. A ƙarshe fursunan ya gane cewa mutuwar da ya gani yana yaro tasa ce. Daga wannan labari aka gina fim ɗin Amurka 12 Monkeys a 1995, shi ya sa ya fi sauran ayyukansa shahara.

Ranar da ma'aikata suka ƙi fim ɗinsa

A farkon 1967 ma'aikatan masana'antar zare ta Rhodiacéta a garin Besançon suka shiga yajin aiki suka mamaye masana'antar na tsawon makonni. Bukatunsu sun wuce ƙarin albashi. Suna ƙorafi kan aikin karɓa-karɓa da ke raba mutum da iyalinsa, suna neman lokacin karatu da hutu. Aka gayyaci Marker, ya zo, shi da Mario Marret suka yi fim mai suna À bientôt, j'espère.

A watan Afrilun 1968 aka nuna wa ma'aikatan. Ba su ji daɗinsa ba, kuma ba su ɓoye ba. Wasu suka ce ya mayar da su abin tausayi, wasu suka ce ya kalle su da idon baƙo mai son labari mai daɗi, bai nuna wahalar shirya ƙungiya da abin da suka cim ma ba. Wani darakta zai iya tattara kayansa ya koma Paris yana cewa jahilai ba su san fasaha ba. Marker ya amsa musu cewa shi da abokin aikinsa za su ci gaba da zama baƙi komai kyawun niyyarsu, kuma fim ɗin da suke nema su ne kaɗai za su iya yinsa. Aka kawo kyamarori da na'urorin ɗaukar murya, ƙwararru suka riƙa zuwa daga Paris suna koyarwa. Fim na farko da ma'aikatan suka yi da hannunsu, Classe de lutte, ya bi wata ma'aikaciyar masana'antar agogo yadda ta zama jagorar ƙwadago.

Sun kira kansu Ƙungiyar Medvedkin, da sunan Alexander Medvedkin, daraktan Sobiyet da a 1932 ya mayar da taragun jirgin ƙasa ɗakin wanke fim. Yakan tsaya a gona ko masana'anta ya ɗauki matsalolin wurin, ya wanke, ya nuna wa mutanen nan take domin su yi muhawara. Marker ya haɗu da shi a 1967 suka ƙulla abota. A wannan shekarar ce kuma ya kafa ƙungiyar shirya finafinai ta SLON, ya tara manyan daraktoci irin su Jean-Luc Godard da Agnès Varda da Joris Ivens suka yi Loin du Vietnam don adawa da yaƙin Amurka a Biyetnam. Kusan shekara goma ya narke a cikin aikin gayya, sau da yawa ba ya ko sa sunansa. Lokacin da matashin darakta Patricio Guzmán ya rasa ɗanyen fim a Chile a 1973, Marker ne ya aika masa, da shi aka ɗauki watannin ƙarshe na gwamnatin Salvador Allende kafin sojoji su kifar da ita ranar 11 ga Satumba.

Lissafin asara

A 1977 ya fitar da Le Fond de l'air est rouge, awa huɗu, wanda ya rage zuwa uku a 1993. Tarihin shekara goma ne na masu neman sauyi a duniya, daga Biyetnam da kisan Che Guevara a Bolibiya a 1967, zuwa boren ɗalibai da ma'aikata na Mayun 1968 a Faransa, zuwa faɗuwar Allende. Da yawa daga cikin hotunan ragowa ne da aka zubar a ɗakunan haɗa fim, waɗanda 'yan gwagwarmaya suka cire saboda ba su dace da labarin nasara ba. Marker ya ga cewa abin da talabijin ɗin gwamnati ta ɓoye da abin da 'yan adawa suka ɓoye, idan aka haɗa su, a nan tarihin yake.

Fim ɗin bai sassauta wa Amurka ba. Akwai wani matuƙin jirgin yaƙi da ke bayanin ruwan bama-baman da yake yi a kan ƙauyukan Biyetnam cikin nishaɗi kamar mai kallon wasa. Amma zafinsa na gaske yana wajen 'yan gida. Ya nuna tankokin Sobiyet a Prague a watan Agustan 1968, ya nuna Fidel Castro, wanda Marker ya taɓa yi wa fim na yabo, yana amincewa cewa mamayar ba ta da hujja a doka amma yana goyon bayanta. Ya nuna jam'iyyar gurguzu da ƙungiyar ƙwadago suna zargin ɗalibai, ɗalibai suna zargin su, kowane ɓangare ya fi tsanar maƙwabcinsa a kan abokin gabarsu. Muryoyi da dama ne ke sharhin, ba a bar ɗaya ta zama ta ƙarshe ba.

A nan mahayin dokin Helsinki ya dawo. Marker ya ɗauko hoton da ya ɗauka a 1952 ya sake nuna shi, ya bayyana cewa mutumin César Mendoza ne, wanda ya zama janar kuma ɗaya daga cikin hafsoshi huɗun da suka kifar da Allende tare da Pinochet. A lokacin ɗauka, ɗan wasa ya gani. Shekara ashirin da ɗaya bayan haka hoton ya zama na ɗan juyin mulki, ba tare da an taɓa shi ba. A Yakutsk murya ce ke canza ma'anar hoto. A nan lokaci ne ya canza ta, kuma mai kyamarar ba shi da iko a kai. Fim ɗin ya rufe da maharba a jirgi mai saukar ungulu suna harbin kyarketai, tare da lura cewa har yanzu akwai sauran waɗanda ba a kashe ba.

Hawayen Nino

Sans Soleil, wato Babu Rana, wanda ya fito a 1983, shi ne ƙololuwar salonsa. Wata mace da ba a ganin fuskarta tana karanta wasiƙun da wani mai ɗaukar hoto, Sandor Krasna, ya aiko mata daga tafiye-tafiyensa. Babu wani Krasna a duniya, Marker ne ya sake ɓuya. Wasiƙun suna kai da komo tsakanin Japan da Gini Bisau da tsibiran Cape Verde, da ɗan ratse zuwa Iceland da San Francisco. Fim ɗin ya buɗe da yara uku a kan hanya a Iceland a 1965, hoton da marubucin wasiƙun ya ɗauka a matsayin siffar farin ciki amma ya rasa inda zai sa shi. Sai can kusa da ƙarshe aka ga garin yaran bayan dutse mai aman wuta ya binne shi da toka a 1973.

Ga mai kallo daga Afirka ta Yamma, wurin da ya fi tsayawa a rai yana Gini Bisau. Amílcar Cabral, jagoran yaƙin ƙwatar 'yanci daga Fotugal, an kashe shi a Conakry a Janairun 1973, kuma mutanen jam'iyyarsa ne suka harbe shi. Ɗan'uwansa Luís Cabral ya zama shugaban ƙasa. A Fabrairun 1980, a Cassacá, kyamara ta ɗauki Luís yana raba wa tsofaffin mayaƙa muƙamai. Ɗaya daga cikinsu, João Bernardo Vieira da aka fi sani da Nino, ya rungume shi yana hawaye. Duk wanda ya gani zai ce ƙaunar abokan gwagwarmaya ce. A watan Nuwamba na wannan shekara Nino ya kifar da Luís ya tsare shi, shirin haɗe Gini Bisau da Cape Verde ya watse. Sharhin fim ɗin ya koma kan hawayen ya sake karanta su a matsayin ɓacin ran gwarzon da yake ganin ba a ɗaga shi sama da sauran ba. Nino ma kashe shi aka yi a gidansa a Maris 2009, Marker yana raye.

Akwai abin da za a riƙe fim ɗin da shi. Japan ta samu sarari ta nuna kanta ta fuskoki da yawa, da talabijin ɗinta da wuraren ibadarta da jiragen ƙasanta, alhali mutanen Bisau da Praia kusan ba a ji bakinsu ba, kallonsu ake yi. Mutumin da ya miƙa wa ma'aikatan Besançon kyamara, a nan ya riƙe tasa, ko da yake wasu hotunan na daraktan ƙasar ne, Sana na N'Hada. Abin da ya rage masa laifi shi ne bai ɓoye matsalar ba. A wata kasuwa a Praia ya tsaya kan wata mace da ta san ana ɗaukarta, tana sunkuyar da kai tana satar kallo, har ta dubi kyamarar ido cikin ido na tsawon hoto ɗaya daga cikin ashirin da huɗun da ke cika daƙiƙa. Ya mayar da wannan ƙiftawa abin nazari: wa ke kallon wa, kuma da izinin wa.

Tsufa a gaban kwamfuta

Da Tarayyar Sobiyet ta rushe, ya yi wa abokinsa Medvedkin, wanda ya rasu a 1989, fim mai siffar wasiƙu shida, Le Tombeau d'Alexandre. Ta'aziyya ce mai haɗe da tuhuma, domin ya tambayi yadda mutumin kirki mai gaskiya ya rayu a zamanin Stalin, aka hana finafinansa fita, amma ya ci gaba da yi wa tsarin hidima har da ɗaukar faretinsa. Ya yi finafinai kan Akira Kurosawa da Andrei Tarkovsky, ya yi Level Five kan yaƙin Okinawa na 1945 da yadda Japan ta yi shiru a kan fararen hular da suka hallaka. A 1993 ya je wani sansanin 'yan gudun hijirar Bosniya a Sloveniya, inda ya tarar matasa suna haɗa nasu labaran talabijin kowane dare daga abin da suka kamo na manyan tashoshi. Ya ɗauke su suna aikin.

Sabuwar na'ura ba ta taɓa ba shi tsoro ba. Yana da shekara saba'in da 'yan kai ya fitar da Immemory, faifan kwamfuta da mai kallo ke yawo a cikinsa yadda ya ga dama. Da intanet ta bunƙasa ya buɗe gidan tarihi a duniyar Second Life, inda muzurunsa ke yi wa baƙi jagora, ya riƙa sa gajerun bidiyo a YouTube da sunan Kosinki. A 2004 ya bi zanen wata kyanwa mai murmushi da ke bayyana a bangayen Paris, ya yi amfani da ita ya ba da labarin zanga-zangar adawa da yaƙin Iraƙi da siyasar Faransa ta lokacin. Aikinsa na ƙarshe da aka baje kolinsa, a 2011, hotunan fasinjoji ne da ya riƙa ɗauka a jirgin ƙarƙashin ƙasa na Paris.

Ya rasu a Paris ranar 29 ga Yuli, 2012, ranar da ya cika shekara 91. Ɗakin aikinsa cike yake da kaset-kaset da littattafai da kwamfutoci da tarkacen tafiye-tafiye. Cibiyar adana finafinai ta Cinémathèque française ce ta karɓi kayan, kuma a 2018 ta baje wani ɓangare nasu ga jama'a, a bayan gilashi.